Biyetnam ko Afganistan: wane kaye ne ya fi sauya Amurka?

Ɗan'uwa, tunda kundin digirin naka a kan yadda shan kaye a yaƙi ke sauya manufofin Amurka na ƙetare ne, kuma tsakanin Biyetnam da Afganistan kake neman zaɓi, ɗauki Biyetnam. Sama da shekara 50 ke nan da faɗuwar Saigon, babban birnin Biyetnam ta Kudu da Amurka ta mara wa baya, a ranar 30 ga Afrilu 1975, ƙura ta lafa, takardun gwamnati sun fito fili, kuma kowace doka da kayen ya haifar kana iya nuna ta da ranarta.

Abin da ya sa kayen Biyetnam ya ratsa Amurkawa har ƙashi shi ne aikin soja na tilas. A daren 1 ga Disamba 1969 iyalai suka zauna gaban talabijin suna kallon wata babbar kwalbar gilashi mai ɗauke da 'yan ƙwansuna shuɗɗa guda 366, kowane da ranar haihuwa a ciki. Aka sa hannu aka zaro na farko: 14 ga Satumba. Duk saurayin da aka haifa a wannan rana tsakanin 1944 da 1950 ya zama lamba ɗaya a jerin waɗanda za a kira. Haka aka yi ta zaro har aka ƙare, uwa na riƙe da numfashi tana jiran ta ji ranar haihuwar ɗanta. A wannan shekarar sojojin Amurka a Biyetnam sun haura 540,000. Zakaran dambe Muhammad Ali ya ƙi amsa kiran a 1967, aka ƙwace kambunsa, sai a 1971 Kotun Ƙoli ta soke hukuncin da aka yanke masa. A ranar 4 ga Mayu 1970 dakarun jihar Ohio suka harbe ɗalibai 4 har lahira a Jami'ar Kent State lokacin zanga-zangar adawa da yaƙin. Kafin a gama, Amurkawa sama da 58,000 sun mutu, na 'yan Biyetnam kuwa ana maganar miliyoyi ne, kuma ina roƙonka kada kundinka ya manta da su kamar yadda littattafan Amurka da yawa suka manta.

Yanzu ga abin da kayen ya haifar, wanda shi ne gundarin aikinka. A Agusta 1964 majalisa ta miƙa wa Shugaba Johnson wuƙa da nama a kan yaƙin ta ƙudurin Tekun Tonkin, babu ɗan Majalisar Wakilai ko ɗaya da ya ce a'a, sanatoci 2 kacal suka ƙi. Bayan shekara 9 majalisar ta dawo tana karɓe abin da ta bayar. Ta toshe kuɗin duk wani farmaki a yankin daga 15 ga Agusta 1973. A Nuwamba 1973 ta kafa Dokar Ikon Yaƙi duk da Shugaba Nixon ya hau kujerar naƙi: shugaba ya sanar da majalisa cikin awa 48 da tura soja fagen daga, ya janye su cikin kwana 60 in ba a ba shi izini ba, da ƙarin kwana 30 na kwashe su. Ka rubuta inda dokar ta gaza ma, domin nan ne malamin da zai duba ka zai matsa. Ba ta fayyace abin da ake nufi da "faɗa" ba, shi ya sa gwamnatin Obama ta ce hare-haren sama a Libiya a 2011 ba su kai matsayin da dokar ke nufi ba, kuma tun kafin nan dokar ba ta hana Clinton yin kwana 78 yana ruwan bama-bamai a yaƙin Kosobo a 1999 ba.

A 1973 ɗin dai aka daina ɗibar soja na tilas. Riƙe wannan da kyau, za mu dawo kansa.

Hafsoshin da suka yi yaƙin suna ƙanana su ne suka gina sabuwar rundunar, kuma sun fito da ƙuduri guda, kada a sake jefa su yaƙin da jama'a ba sa baya. An tura muhimman sassan tallafi, irin su sufuri da injiniyoyi da asibitocin fage, zuwa dakarun ajiya, wato mutanen da ke gidajensu suna sana'o'insu sai an kira su, ta yadda babban yaƙi ba zai yiwu ba sai kowane gari ya ji a jikinsa. Bayan bam ɗin Bairut na Oktoba 1983 da ya kashe sojan Amurka 241, ministan tsaro Caspar Weinberger ya gindaya sharuɗɗa 6 a Nuwamba 1984, ciki har da cewa sai muhimmin muradin ƙasa na cikin haɗari, sai da manufa bayyananniya, sai da goyon bayan jama'a da majalisa, kuma ƙarfin soja ya zama matakin ƙarshe. Janar Colin Powell, wanda ya yi zagaye biyu a Biyetnam, ya ƙara da cewa a shiga da ƙarfi mai rinjaye kuma a san ƙofar fita tun kafin shiga. Yaƙin Gulf na 1991 a kan wannan ma'auni aka yanka shi: soja kusan rabin miliyan, faɗan ƙasa na awa 100, aka tsaya ba a nufi Bagadaza ba. Bush babba ya fito yana murnar cewa sun rabu da "ciwon Biyetnam" har abada.

Bai rabu da su ba, kuma Afirka ce shaida. A ƙarshen 1975, lokacin da gwamnatin Shugaba Ford ke tura kuɗi a ɓoye ga 'yan tawayen Angola, sanatoci suka datse kuɗin saboda tsoron wata sabuwar Biyetnam, haramcin ya zauna har 1985. A wannan tsakanin ne Janar Murtala Muhammad ya amince da gwamnatin MPLA, wadda 'yan tawayen ke yaƙa, ya yi watsi da wasiƙar matsin lamba ta Ford, ya je taron shugabannin Afirka a Addis Ababa a Janairu 1976 ya ce Afirka ta girma, ba za ta ƙara karɓar umarni daga waje ba. A Mogadishu, a farkon Oktoba 1993, an kashe sojan Amurka 18 a faɗan dare guda, kafin ƙarshen Maris 1994 sun tattara sun fice. Mako kaɗan bayan haka kisan kiyashi ya ɓarke a Ruwanda, Washington ta naɗe hannu. Wannan sarƙa daga Saigon zuwa Kigali kaɗai ta isa babi guda.

Game da tunanin jama'a, binciken zaɓe na Jami'ar Michigan ya nuna kashi 77 cikin 100 na Amurkawa sun yarda da gwamnatinsu a 1964, zuwa 1974 ya faɗo kashi 36. Ka yi adalci ka ce badaƙalar Watergate, wadda ta sa Nixon ya yi murabus, na da hannu a ciki. Bangon tunawa da aka buɗe a Washington a 1982, baƙin dutse mai ɗauke da sunayen mamata bisa jerin ranakun da suka faɗi, babu ko kalma guda ta nasara a jikinsa.

Afganistan fa? Kaye ne babu tantama: shekara 20, mutuwar sojan Amurka kusan 2,400, yarjejeniyar janyewa da aka ƙulla da Taliban a Doha a Fabrairu 2020, Taliban a Kabul ranar 15 ga Agusta 2021, harin ƙofar filin jirgi da ya kashe soja 13 da 'yan Afganistan kusan 170. Amma me ya sauya bayan haka? Kusan babu. Izinin yaƙi na Satumba 2001, wanda 'yar majalisa Barbara Lee ce kaɗai ta ƙi shi, an fice daga Kabul yana nan daram. Dalili shi ne wancan abin da na ce ka riƙe. Sojan sa-kai ne suka yi yaƙin, ƙalilan daga cikin al'umma, da jirage marasa matuƙi da 'yan kwangila, babu kwalbar gilashi a talabijin, saboda haka mafi yawan gidaje ba su ji zafin ba. Lokacin da aka kashe sojan Amurka 4 a Tongo Tongo ta Nijar a Oktoba 2017, manyan sanatoci sun fito sun ce ba su san adadin sojansu da ke ƙasar ba. Afganistan ta dace da babinka na ƙarshe, a matsayin 'yar da Biyetnam ta haifa. Ba za ta iya ɗaukar kundi guda ba tukuna.

Sai gargaɗi, ko da ba ka tambaya ba. Ka guji masu sayar da kundi haɗaɗɗe a bakin makaranta da masu tallar littattafan PDF a Telegram da WhatsApp. Yawanci kwashe-kwashe ne daga intanet, an sauya bango an sa farashi, kuma na'urar gano satar rubutu za ta kama ka. Ga abubuwa uku da za ka gwada kowane rubutu da su. In ya ce shahararren hoton nan na mutane a jere suna hawa jirgi mai saukar ungulu a kan rufi na ofishin jakadancin Amurka ne, marubucin bai bincika ba, domin wani gidan haya ne a titin Gia Long, kuma ɗan jaridar Holan Hubert van Es ne ya ɗauka ranar 29 ga Afrilu 1975. In ya kawo maganar da ake jingina wa Janar Giap, kwamandan sojan Biyetnam ta Arewa, cewa wai sun kusa miƙa wuya sai 'yan jaridar Amurka suka cece su, ƙirƙira ce, ba ta cikin rubuce-rubucensa. In kuma ya ce Amurka ta bar wa Taliban makaman dala biliyan 85, ya haɗa kuɗin da aka kashe wa rundunar Afganistan tsawon shekara 20, har da albashi da mai da horo, da kayan da aka bari a ƙasa. Ma'aikatar tsaron Amurka ta ƙiyasta kayan da aka bari a kan kusan dala biliyan 7.

Ka nemi nassin Dokar Ikon Yaƙi da jawabin Weinberger na 28 ga Nuwamba 1984 ka karanta da idonka. Duka biyun gajeru ne, kuma kyauta suke a intanet.