Cikin birni ko Fagge da Sabon Gari: ina za a zaga da baƙi a ƙafa?

Hajiya, sannu da ƙoƙari. Kin ce 'ya'yan yayanki uku za su zo daga Kumasi, mata biyu da namiji ɗaya, jikokin fataken goro da ba su taɓa taka Kano ba, kuma Asabar ɗaya ce rak a hannunki kafin hidimar biki ta taso. Ba kya son a zuba su a mota a kai su ƙofar fada da gidan zu a dawo da su. So kike su taka ƙasa tare da ɗan jagora, su shiga unguwannin da baƙi ba su cika leƙawa ba. Mutum biyu sun yi miki tayi: ɗaya zai bi da su cikin birni daga Dala zuwa Kurmi, ɗayan kuma waje, daga Fagge zuwa Sabon Gari. Na bi hanyoyin nan biyu da baƙi ba sau ɗaya ba, to ga abin da na gani.

Babban abin da ya raba su shi ne inda tarihin yake zaune. A waje, tarihi a fuskar gini yake. Ko ba wanda ya ce uffan, yaro zai ga tsofaffin benaye masu baranda a Kantin Kwari ya gane cewa ba ginin Bahaushe ba ne. Nan ne Kwarori, 'yan Labanan da Siriya, suka zauna, kanti a ƙasa, iyali a sama. Zai ga titunan Sabon Gari a miƙe sambal, ya san da magwaji aka yanka su. A cikin birni kuwa, abin da ido zai gani katanga ce da lungu da ƙofar zaure. Tarihin yana cikin sunan unguwa, yana bakin dattijon da ke zaune kan dakali, yana bayan labulen da aka rubuta "ba shiga". Shi ya sa a cikin birni ɗan jagora shi ne komai. In aka samu nagari, kowane lungu karatu ne. In aka samu na bogi, sai dai a sha rana a dawo da ƙura a ƙafa.

Bari in ɗan daɗe a cikin birnin, don nan zuciyata ta fi karkata. Ana farawa da hawan Dala da sassafe, kafin rana ta ɗaga. Akwai matattakala, amma mai ciwon gwiwa zai ji a jikinsa. Daga sama ake raba wa baƙo gari: ga Goron Dutse can, ga hasumiyoyin babban masallaci kusa da Gidan Rumfa, wato fadar Sarki, ga inda ganuwa ta bi. Daga kan dutsen nan Baturen Jamus Heinrich Barth ya zana hoton garin a 1851. A nan ɗan jagora zai kawo labarin Barbushe, shugaban mutanen Dala na can baya, da Tsumburbura da suke bauta wa, da Sarki Gijimasu wanda kundin tarihin Kano ya ce shi ya fara ganuwa, da Muhammadu Rumfa da ya yi sarauta daga 1463 zuwa 1499, wanda ya faɗaɗa ta, ya gina fadar da ake ciki har yau, ya kafa Kasuwar Kurmi. Gaskiya duk sanda na hau nakan sauko da ɗacin rai, saboda yadda aka cinye ganuwar da gine-gine da ɗiban ƙasa. Kada a ɓoye wa yaran wannan, gara su gani da idonsu.

Da an sauko, sunaye ne za su fara magana. Madabo, mazaunin malaman Wangarawa da suka zo daga ƙasar Mali, waɗanda ake danganta zuwansu da zamanin Sarki Yaji. Dandalin Turawa, inda za a bayyana wa yaran cewa kafin zuwan Ingilishi, Larabawan Gadamus da Tarabulus ake kira Turawa, kuma jikokinsu na nan. Sharifai, da ake danganta ta da zuriyar Shehu Magili, baƙon Rumfa. Alfindiki, daga kalmar Larabci ta masaukin baƙi. Ayagi ta Yarbawa, Tudun Nufawa, Zangon Barebari. Wanda ya bi waɗannan lunguna da mai sani zai fahimci cewa tun fil azal Kano garin baƙi ce. Ga naki yaran kuma akwai inda abin zai taɓa su kai tsaye: Koki da Sarari, yankin attajiran goro. A Koki Alhaji Alhassan Ɗantata ya kafa gidansa. An haife shi a Bebeji a 1877, ya yi fataucin goro a ƙasar da yanzu ake kira Ghana kafin ya dawo ya shiga harkar gyaɗa, ya rasu a 1955. Hanyar Gwanja da kakanninsu suka bi da jakuna zuwa Salaga, nan ne bakinta na wannan ɓangaren.

Akwai abin da ba na mantawa. Wata safiya a wajen Jakara, ɗan unguwar da ke mana jagora ya tsaya a wata ƙofa ya yi sallama, ya aika yarinya ciki, ta dawo ta ce mata su shigo. Mu maza muka zauna a zaure. Daga inda nake ina jin ƙamshin gurasa na fitowa daga tanderu. Matan da suka shiga suka ce sun ga yadda mai gidan ke jiƙa hannu da ruwa, ta yanko ƙullun, ta zura hannu cikin tanderu mai zafi ta manna shi a jikin tukunyar, ta zaro hannun kafin ka ƙifta ido. Da suka fito da ita da zafinta aka haɗa mana bandashe a faranti ɗaya, an barbaɗe ta da garin ƙuli-ƙuli, an zuba man gyaɗa, ga albasa da tumatir. Baƙuwar da muka zo da ita ta fi yin zancen wannan zauren a kan dutsen da kasuwar duka. To ki lura, Hajiya: tunda biyu daga cikin yaranki mata ne, rabin cikin birni a buɗe yake gare su, rabin da ɗan jagora namiji ba zai iya shiga ba. Ki tambaye shi tun yanzu ko yana da yaya ko ƙanwa da za ta shiga da su gidaje.

Fagge da Sabon Gari labarinsu ya fi ƙuruciya, ya kuma fi hayaniya. Fagge dai tsohon zango ne a bakin ganuwa, inda ayarin raƙuma ke sauka, kuma har yau za ki ji Buzanci da Zabarmanci da Larabcin Sudan da na Chadi a lungu ɗaya, ga 'yan canji a Wapa, ga ƙarar kekunan teloli har dare. Sauran kuwa jirgin ƙasa ne ya haife su. Turawa sun ci Kano a 1903, layin dogo ya iso a 1911, gyaɗa ta yi daraja, sai aka yanka Sabon Gari wajen 1913 don ma'aikata da 'yan kasuwa daga kudu da sauran ƙasashen Afirka ta Yamma. Sunayen titunan kansu taswira ce: Abeokuta, Enugu, Aba, Faransa. A Sabon Garin nan aka yi taron kafa jam'iyyar NEPU ranar 8 ga Agusta 1950, abin da mutane da yawa ba su sani ba. Zagaye ne mai kyau ƙwarai ga ɗalibin tarihin mulkin mallaka, ko ga ɗan cikin birni da bai taɓa tsayawa ya kalli maƙwabtansa da kyau ba. Amma ga wanda ya taso a Kumasi, majami'u da shagunan kayan gyaran mota da gidajen abincin Ibo da Yarbawa ba baƙin abu ba ne. Zai ga kamar bai bar gida ba.

Ta fuskar wahalar tafiya, kowanne da irin tasa. Cikin birni akwai hawa, akwai lungunan da mutum biyu ba sa jerawa, akwai kwatami a buɗe, musamman da damina, amma akwai inuwar katanga, kuma mota ba ta shiga yawancin wuraren. A waje ƙasa shimfiɗe take, sai dai rana ba ta da mafaka, ga adaidaita sahu da 'yan dako da masu tura baro, ranar Asabar kuwa kasuwannin Kwari da Singa ba masaka tsinke. Wanda ke ƙoƙarin yin bayani a wannan cunkoso sai ya yi ihu, na baya ma ba zai ji ba. Jaka da waya a riƙe su da kyau a duka biyun. Sabon Gari da rana ake zaga ta da yara, domin da yamma mashaya ke buɗewa a wasu layukan.

Maganar ladabi ma ta bambanta. A waje kowa harkar gabansa yake, ba mai kallonki. A cikin birni kuwa gidan mutane kika shiga, ko da a kan hanya kike. Sallama ga duk majalisar da aka wuce, sutura ta kamala, ba a ɗaga waya a ɗauki makarantar allo ko matan aure sai an nemi izini. Ɗan jagoran kirki zai fara kai ku ku gaida mai unguwa, kuma daga yadda ake amsa gaisuwarsa za ki gane matsayinsa. Na taɓa bin wani da ya haddace shekaru kamar karatun allo, yana zuba su ba ƙaƙƙautawa, amma ba ƙofa ɗaya da aka buɗe mana, don ba wanda ya san shi a unguwar. Da wani dattijo ya gyara masa wani zance, sai ya hau gardama. Abin ya dame ni, saboda baƙin sun tafi da labarin da ba haka yake ba. Kafin ki ba da ko sisi, ki tambayi mutumin ɗan wace unguwa ne, gidan wa zai shigar da ku, kuma me yake yi in an tambaye shi abin da bai sani ba. In kina son ƙarin tabbaci, ma'aikatan Gidan Makama da na Gidan Ɗan Hausa, gidajen adana kayan tarihi, sun san masu wannan aiki, ana iya neman shawararsu.

Kuɗi kuwa, a daidaita kafin a ɗaga ƙafa, a kuma fayyace ko abinci da kuɗin shiga wurare na ciki. A cikin birni ki tanadi canji ƙanana daban. Marinin da ya bar aikinsa a Ƙofar Mata ya nuna muku yadda zane ke fitowa kore daga ruwan baba, iska ta buge shi ya koma shuɗi, da majemin da ya bari kuka tsaya kansa a Ƙofar Wambai, da mai gurasar da ta buɗe muku gidanta, duk sun cancanci ihsani, mafi kyau ma a sayi abin hannunsu. A waje ba a cika buƙatar wannan ba, amma Kwari za ta ci aljihunki ta wata hanyar, tunda ba 'yar Kumasin da za ta ga atamfa da shadda ta wuce.

In ni ne ke da Asabar ɗin nan, cikin birni zan kai su. A hau Dala da ƙarfe bakwai, a gangaro ta Madabo da Dandalin Turawa, a karya da gurasa, a ratsa Kurmi ta layin dukawa da 'yan turare, a ƙare a Koki kafin azahar. Fagge tana nan daf da Ƙofar Wambai. In da sauran ƙarfi bayan la'asar, a leƙa Kwari a yi sayayyar biki, wannan ba ya buƙatar ɗan jagora. Kuma tun kafin su taso, ki sa yayanki ya tuno sunan kakansu da unguwar da ya fito, da sunan maigidan da ya yi wa fatauci in ya sani. Ki ba ɗan jagoran waɗannan sunaye mako ɗaya kafin ranar, ya bi dattawan Koki da Sarari ya tambaya.