Rigakafin I-2 na Vom: abin da na gani a kajina na gida

Kajina na hausa ne, ba su wuce arba'in ba, a bayan gida nan Samaru. Kowace shekara idan hunturu ya kama, fakat ke bin unguwa gida gida: kaza ta takure, ta yi koren zawo, wuya ya murɗe, kafin mako ya zagayo akurki ya zama wayam. Likitocin dabbobi Newcastle suke ce mata. Ƙwayar bairos ce, don haka kafsol ja da rawaya da barkonon da ake zuba wa kaji a ruwa ba sa yi mata komai, ɓarnar kuɗi ce kawai.

Rigakafin da nake amfani da shi yanzu shi ne I-2, wanda Cibiyar Binciken Lafiyar Dabbobi ta Ƙasa da ke Vom a Jihar Filato take yi. Asalinsa daga Ostareliya ne, kuma don kajin ƙauye aka tsara shi. Abin da ya sa na fi son shi a kan Lasota, wani rigakafin fakat ɗin da ake sayarwa a shago, shi ne juriyar zafi. Lasota idan wuta ta ɗauke firij ya huce, to ruwa kawai kika saya. Shi kuwa I-2 yana ɗan haƙuri; nakan naɗe kwalbar a jiƙaƙƙen tsumma daga shago zuwa gida. Amma ba a barinsa a rana.

Ɗigo ɗaya ake yi a ido, kaza da zakara da ɗan tsako duk ɗaya. Wahalar dai kamun ce, shi ya sa da asuba muke yi da yara, kafin a buɗe akurki. Ana maimaitawa bayan wata huɗu, kuma ba a yi wa kazar da ta riga ta kamu.

Inda nake da ƙorafi shi ne samunsa. Wani shagon sai ya miƙo miki Lasota ya ce ai duk ɗaya ne, wani kuma na nuna masa kwanan wata ya wuce, ya hau musu.

Kada kuma a ɗora masa abin da ba nasa ba. Bai hana Gumboro, wata cutar kaji ta daban, bai hana murar tsuntsaye irin wadda ta ɓulla a Kaduna a 2006. Kazar da aka sayo a kasuwa har yanzu sai ta yi mako biyu a keɓe kafin in haɗa ta da sauran.