Sharhi kan aikin mayar da sito na ƙarƙashin bene ɗakin ajiyar giyar inabi a Cape Town

Duk wanda yake shirin mayar da wani lungu na gidansa wurin ajiyar giyar inabi, tambayar da take fara zuwa bakinsa ita ce wace na'urar sanyi ya kamata ya saya. Bayan da na ga yadda aikin da aka yi a gidanmu ya jure zafin Fabrairun Cape Town da yawan ɗauke wuta, ra'ayina shi ne wannan tambaya ta biyu ce, domin bango da ƙofa su ne suke riƙe sanyi, na'ura kuwa cike gurbin abin da ya zurare kawai take yi. Da wannan ma'auni zan auna kamfanin da muka ba wa kwangilar, wanda ba zan ambaci sunansa ba saboda abin da zan faɗa ya haɗa da yabo da kuma ƙorafi.

Gidanmu yana kudancin birnin Cape Town da ke Afirka ta Kudu, ba nisa da kwarin Constantia, kuma muna da ɗakunan baƙi da muke bayarwa haya ga masu yawon buɗe ido, waɗanda akasarinsu gonakin inabi ne suke kawo su. Sana'ar ta daɗe a wannan yanki, domin tun a 1659 Jan van Riebeeck, shugaban turawan Holland da suka fara zama a wurin, ya rubuta cewa an matse inabin farko a Cape, sannan a 1685 Simon van der Stel, shugaban Cape na lokacin, ya kafa gonar Constantia. Na san addini ya hana da yawa daga cikin masu karanta Hausa shan wannan abu, kuma ba tallarsa nake yi ba. Abin da nake bayani a kai shi ne aikin gini da na sanyaya ɗaki, wanda duk mai ajiyar kayan da zafi yake lalatawa zai iya tsintar abin amfani a cikinsa. Wurin da muka zaɓa sito ne da ke ƙarƙashin matakala, tsawonsa bai kai mita biyu da rabi ba, faɗinsa ya ɗan haura mita ɗaya, rufinsa kuma yana gangarowa yadda benen ya sauko. Aibinsa babba shi ne bangonsa ɗaya yana fuskantar arewa, kuma a nan kudancin duniya bangon arewa ne rana take duka.

Abin da giyar inabi take buƙata ba shi da yawa, amma ba ta yafe sakaci. Ana so ta zauna a digiri 12 zuwa 14, danshin iska ya kasance tsakanin kashi 60 da 70 cikin 100, babu haske, babu girgiza, kuma kwanciyar yanayin ta fi ainihin lambar muhimmanci. Idan zafi ya hau, ruwan da ke cikin kwalba yana kumbura ya tura matoshi, idan ya sauka kuma ya tsuke ya ja iska ciki, kuma iskar nan ita ce take kashe ɗanɗano. Matoshin kansa ɓawon itace ne, wanda kusan rabin na duniya daga Fotugal yake fitowa, kuma idan ya bushe sai ya motse, shi ya sa ake kwantar da kwalba a gicciye domin ruwan ya riƙa taɓa shi. Firjin kicin ba ya biyan wannan buƙata saboda yana aiki a wajen digiri 4 kuma iskarsa busasshiya ce. Na'urar sanyaya ɗaki ta gida ita ma ba ta isa ba, domin yawanci ba ta sauka ƙasa da digiri 16, sannan an ƙera ta ne don ta tsotse danshi, wato akasin abin da ake nema.

Abin da ya fara ba ni natsuwa da kamfanin shi ne ba su yanka farashi a ranar da suka zo ba. Injiniyansu ya rataye ɗan ma'aunin da yake adana bayanan zafi da danshi a cikin sito, ya ce a bar shi ya kwana biyu, sannan ya dawo ya nuna mini yadda zafin yake haurawa da la'asar bayan bangon arewa ya gama shan rana, yake kuma daɗewa bai sauka ba har cikin dare. Da takardar farashin ta zo, fiye da rabin kuɗin na rufe bango ne da ƙofa. Wani kamfanin ya yi mana tayin da ya fi wannan rahusa sosai, inda ya ce zai sa babbar na'ura ya bar bangon yadda yake, ya shafa fenti kawai. Idan aka dubi takardun biyu a gurguje sai a ɗauka na farkon tsawwalawa ya yi, alhali na biyun ne ya bar rabin aikin a ƙasa.

Dalilin yana cikin yadda raɓa take sauka, kuma a nan ne ya kamata mai gida ya tsaya ya fahimci abin da ake yi masa. Iska mai zafin digiri 30 da danshin kashi 50 cikin 100 tana fara zubar da ruwanta da zarar ta taɓa abin da sanyinsa ya kai wajen digiri 18. Ɗakin da aka ajiye a digiri 13 ya wuce wannan iyaka da nisa, saboda haka duk iskar gida da ta ratsa bango ta doshi cikin ɗakin za ta ajiye ruwanta a wani wuri a hanya, cikin bangon, inda ido ba ya gani. Bayan wasu watanni sai fenti ya fara kumbura, funfuna ta kama, katakon bene ya soma ruɓewa daga ƙasa. Maganin shi ne a shimfiɗa abin da yake tare tururi a ɓangaren da ya fi ɗumi, wato tsakanin bangon asali da soson da yake hana zafi shiga, ba a ɓangaren cikin ɗakin ba. Wanda ya juya wannan tsari ya kulle ruwa a cikin bangonsa da hannunsa. Ma'aikatan sun manna leda mai kauri a bango da rufi da ƙasa, suka liƙe kowace mahaɗa da tef na musamman, sannan suka jera allunan soso mai tauri masu kaurin santimita 8. Na tsaya ina kallon wani matashi a cikinsu ya durƙusa a can ƙuryar da rufin ya sauko har gwiwa, yana bin gefen kowane bututu da kowace wayar wuta da kumfar toshe kafa, yana haska tocila daga waje abokinsa yana duba ko haske ya ɓullo ta ciki. Wannan aikin ba wanda zai sake ganinsa bayan an rufe shi da allo, amma shi ne abin da na fi gamsuwa da biyan kuɗinsa. Illarsa ɗaya ita ce ya cinye mana kusan taƙi guda na faɗin ɗakin da dama can ƙunci ne da shi.

A kan ƙofa an yi ja-in-ja a gidan. Uwargida tana son ta gilashi domin baƙi su riƙa hango kwalaben daga falo, injiniya kuma ya nace cewa gilashi, ko da mai ruɓi biyu ne, yana barin zafi ya shiga fiye da bango mai soso, kuma haske yana ɓata giyar inabi, musamman fara da mai kumfa, wanda shi ne dalilin da ya sa ake yin yawancin kwalabe da launin kore ko ruwan ƙasa. An tsaya a kan ƙofar katako mai soso a ciki, da ɗan taga siriri, da roba a kewaye har ƙasa. Idan aka rufe ta ana jin ta kama kamar ƙofar mota. Fitilar ciki ƙarama ce wadda ba ta zafi, kuma tana mutuwa da kanta.

Na'urar da suka sa mai ɓangare biyu ce, mai hura sanyi a ciki, injin da yake fitar da zafi kuma a waje bayan gida. Akwai wadda ta fi araha, wadda ake huda bango a cusa ta gaba ɗaya, amma ita tana zubar da zafinta da ƙararta a ɗakin da ke maƙwabtaka, kuma da yawa daga cikin irinta ba sa iya sauke sanyi fiye da digiri 16 ko 17 ƙasa da zafin wurin da suke shaƙar iska. A gidan da baƙo yake barci a sama da benen, wannan ba zaɓi ba ne. Abin da na fi so a tsarin shi ne ma'aunin da na'urar take bi ba a iska yake ba, yana tsome ne a cikin kwalba mai ruwa da aka jera tare da sauran, saboda haka buɗe ƙofa na minti ɗaya ba ya sa injin ya tashi ba gaira ba dalili.

An gama aikin a ƙarshen 2022, wato daidai gaɓar da ƙasar ta shiga shekarar da ta fi kowace muni wajen ɗauke wuta bisa jadawali. A 2023 akan ɗauke ta awa biyu zuwa huɗu a zama ɗaya, wani lokaci fiye da sau ɗaya a yini, duk da cewa mazauna Cape Town sun ɗan sami sassauci saboda tashar samar da wuta da ƙarfin ruwa ta Steenbras da hukumar birnin take amfani da ita wajen rage kaifin abin. Ba mu haɗa ɗakin da batirin gida ba, don haka wannan ita ce jarrabawa ta gaskiya. A mafi tsawon ɗaukewa, a tsakiyar lokacin zafi, iskar ɗakin takan hau da kamar digiri 3, amma ruwan da ke cikin kwalba da wuya ya motsa fiye da digiri ɗaya. Lissafin a bayyane yake, domin kwalabe 280 masu ɗaukar mililita 750 suna riƙe da lita 210, kuma ɗumama ruwa mai yawan haka ta bayan soso yana ɗaukar lokaci. Tun ɗakin bai cika ba injiniyan ya ce mu cike guraben da kwalaben ruwa, shawarar da ba ta ci ko sisi ba amma ta yi aikin batir. Wanda ya taɓa kwana a soron ƙasa mai kaurin bango ya san wannan hikima, kuma ita ce dai magabatan manoman nan suka dogara da ita, kamar yadda ake gani a tsohon ɗakin ajiya na Cloete, mai gonar a lokacin, da aka gina a 1791 a gonar inabi ta Groot Constantia, tun babu wutar lantarki.

Ƙorafina mafi girma a kan kantocin jera kwalabe yake, kuma laifin na kafintan kamfanin ne. Ya yanka kowane gurbi a kan awon siririyar kwalba irin ta Bordeaux, alhali da yawa daga cikin abin da ake sayarwa a wannan yanki, kamar giyar Chenin Blanc da Chardonnay da Syrah, suna zuwa ne a kwalba mai faɗin kafaɗa irin ta Burgundy, ga kuma Cap Classique mai kumfa wadda kwalbarta ta fi kowace kauri. Sakamakon shi ne wasu sai an tura su da ƙarfi, takardar jikinsu ta yage, wasu kuma ba sa shiga sam. Kamfanin da yake aiki a tsakiyar gonakin inabi bai kamata a ce sai mai gida ya tuna masa da wannan ba. Sun amince su sake layuka biyu na ƙasa ba tare da ƙarin kuɗi ba, amma sai da aka yi ta kiran waya kafin su turo mutum, kuma gaba ɗaya na lura cewa zafin naman da suke da shi kafin a biya kuɗi ya fi wanda suke da shi bayan an biya.

Matsala ta biyu ƙarama ce amma mai ban haushi. Tiyon da yake fitar da ruwan da na'urar take tarawa ba a ba shi isasshen gangare ba, sai ruwan ya riƙa komowa yana ɗiga a kan kwalin da ke ƙasa. Gyaran bai wuce ɗaga madauri ɗaya ba, sai dai ya nuna cewa ba a gwada shi da ruwa kafin a miƙa aikin ba. Danshin ɗakin kuwa yana zama inda ake so a watannin Yuni zuwa Agusta, lokacin sanyi da ruwan sama, amma idan iskar kudu maso gabas ta kankama a lokacin zafi yakan sauka zuwa wajen kashi 55, sai mu ajiye faranti mai ruwa a ƙasa.

Akwai gargaɗi ɗaya da suka rubuta a takardar miƙa aiki wanda ya cancanci a yaba musu, wato kada a wanke ɗakin da ruwan bilic, kada kuma a shigar da katakon da aka jiƙa da maganin gara. Funfuna tana juya sinadaran kulorin da ke cikin irin waɗannan abubuwa zuwa wani sinadari da ake kira TCA, wanda ɗan ƙanƙaninsa ya isa ya ba giya warin jiƙaƙƙen kwali, kuma idan ya kama katako da wuya a raba su. Saboda wannan dalili ne suka bar kantocin ba fenti ba mai.

Duk da gamsuwar da na yi, ba kowa zan ba shawarar ya shiga wannan hidima ba. Mafi yawan giyar inabin da ke kasuwa an yi ta ne don a sha cikin shekara biyu ko uku, kuma mai murfin ƙarfe na murɗawa ba ta damu da danshi ko kwanciya a gicciye ba. Wanda ajiyarsa ba ta wuce kwalabe ɗari ba, firji na musamman da ake yi don wannan aiki ya ishe shi, ya fi araha nesa ba kusa ba, kuma zai ɗauke shi idan ya tashi daga gidan haya. Wanda kuma ya ƙudurta sai ya yi ginin, ya tabbata an rubuta kaurin soso da ɓangaren da za a sa leda a cikin takardar yarjejeniya, ya ɗauki hoton bangon kafin a rufe shi da allo, ya miƙa wa kafinta mafi ƙibar kwalbar da yake da ita kafin a yanka katako, sannan ya riƙe kason ƙarshe na kuɗin har sai ɗakin ya yi mako guda yana aiki a gaban ma'auni.