Sharhi kan wani kwas na intanet game da alhakin kwamanda a dokar hukunta manyan laifuka

Daga cikin kwasa-kwasan da cibiyoyin horar da lauyoyi da jami'an soja ke bayarwa ta intanet, akwai wanda aka keɓe wa tambaya guda ɗaya: yaushe ne doka za ta kama kwamanda ko shugaba da laifin da na ƙasa da shi suka aikata, alhali shi bai ɗauki makami ba, bai kuma ba da umarnin a aikata ba? Na bi wannan kwas daga farkonsa har ƙarshensa, kuma ra'ayina shi ne ya kafa tubali mai ƙarfi a fannin tarihi da hukunce-hukuncen kotunan da Majalisar Ɗinkin Duniya ta kafa don hukunta manyan laifukan da aka aikata a Yugoslabiya da Ruwanda, amma ya yi rauni a daidai wurin da mai koyo ya fi bukatarsa a yau, wato Sashe na 28 na Yarjejeniyar Roma, wadda ta kafa Kotun Hukunta Manyan Laifuka ta Duniya, da shari'ar da wannan kotu ta yi wa Jean-Pierre Bemba, ɗan siyasar Kwango.

Tsarinsa bai da wuyar bi. Kowane babi yana ɗauke da laccoci na bidiyo, da wasu sassa na hukunce-hukuncen kotu da aka tsamo aka nuna lambobin sakin layin da ya kamata a karanta, sai ɗan gwaji a ƙarshe. Wannan nuna lambobin ba ƙaramin taimako ba ne, domin hukunci guda na irin waɗannan kotuna kan kai shafuka ɗaruruwa, kuma wanda bai saba ba zai iya ɓata a cikinsa kafin ya iso inda alƙalai suka yi magana kan alhakin shugaba. Da Turanci ake koyarwa, sautin yana fita sarai, ana kuma iya sauke takardun a karanta ba tare da intanet ba.

Babin tarihi ya fara da Janar Tomoyuki Yamashita, kwamandan sojojin Japan a Filifin, wanda wata hukumar sojan Amurka ta gurfanar a Manila a 1945 kan kashe-kashe da fyaɗe da dakarun Japan suka yi wa farar hula. Ba a tabbatar da cewa shi ya ba da umarni ba. Lauyoyinsa sun kafa hujja da cewa farmakin Amurka ya yanke masa hanyoyin sadarwa, cewa yana can Baguio a cikin duwatsu, kuma yawancin waɗanda suka yi ɓarnar Manila sojojin ruwa ne ƙarƙashin wani kwamanda dabam. Duk da haka aka same shi da laifi a ranar 7 ga Disamba 1945, Kotun Ƙolin Amurka ta ƙi soke hukuncin, aka rataye shi a Fabrairun 1946. Abin da ya burge ni shi ne malamin bai gabatar da shari'ar a matsayin abin alfahari ba. Ya karanta wa masu koyo wani ɓangare na ra'ayin Alƙali Frank Murphy, ɗaya daga cikin alƙalai biyu da suka saɓa wa masu rinjaye, ya kuma nuna cewa hukumar ba ta fayyace ko Yamashita ya san abin da ke faruwa ko kuwa ya kamata ne ya sani ba, wanda shi ne giɓin da dokokin da suka biyo baya suka yi ta ƙoƙarin cikewa. Daga nan ya ratsa shari'ar manyan hafsoshin Jamus ta 1948 a Nuremberg, inda alƙalai suka ce zama cikin jerin masu ba da umarni kaɗai bai isa ya zama laifi ba sai an nuna sakaci na mutumin a karan kansa, sannan ya taɓo Koki Hirota, tsohon ministan harkokin wajen Japan, farar hula da kotun Tokyo ta yanke wa hukuncin kisa a 1948, har da dalilin gazawarsa wajen matsa wa gwamnati ta dakatar da ta'asar da sojojin Japan suka yi a birnin Nanjing na ƙasar Sin. Sashe na 86 da na 87 na Ƙarin Yarjejeniyar Geneva ta Farko ta 1977, inda aka fara rubuta wannan ƙa'ida ƙarara a cikin yarjejeniya tsakanin ƙasashe, sun sami bayani gajere amma isasshe.

Ƙashin bayan kwas ɗin shi ne babin shari'ar Čelebići, wani sansanin tsare mutane a Bosniya inda aka azabtar da Sabiyawa a 1992. A hukuncinta na Nuwamban 1998, da kuma na ɗaukaka ƙara na Fabrairun 2001, kotun Yugoslabiya ta shimfiɗa sharuɗɗa uku: a sami dangantakar shugaba da na ƙasa da shi, shugaban ya sani ko yana da dalilin sanin cewa ana shirin aikata laifi ko an riga an aikata, kuma ya gaza ɗaukar matakan da suka wajaba kuma suka dace don hanawa ko hukuntawa. Malamin ya daɗe a kan sharaɗi na farko, kuma ya yi daidai, domin nan ne ƙararraki da yawa ke rushewa. Abin da kotu ke nema shi ne iko na zahiri, wato a ce mutumin yana da halin hana laifin ko hukunta mai laifin a aikace, ko yana da takardar naɗi ko ba shi da ita. Da wannan ma'auni aka kama Zdravko Mucić, wanda shi ke tafiyar da sansanin, aka kuma wanke Zejnil Delalić, mutum mai faɗa a ji a yankin wanda masu gabatar da ƙara suka kasa nuna cewa masu gadin sansanin suna ƙarƙashin ikonsa. Tasiri, komai girmansa, bai kai iko ba a idon wannan doka. An ƙarfafa darasin da misalin Charles Taylor, tsohon shugaban Laberiya, wanda kotun musamman ta Saliyo ta samu da laifi a 2012 ta ɗaure shi shekara 50 saboda taimaka wa 'yan tawaye da tsara hare-hare tare da su, amma ta ƙi kama shi da alhakin shugaba domin ba a tabbatar yana da iko na zahiri a kansu ba. Mutane da yawa suna ɗauka duk shugaban da aka ɗaure ta wannan hanya aka kama shi, kuma kwas ɗin ya gyara wannan fahimta da kyau.

A ƙarshen wannan babi ne ake ba da aikin rubutu guda ɗaya da malami ke dubawa da kansa, kuma shi ne abin da na fi amfana da shi. Ana ba mai koyo kundin wata shari'a ta ƙirƙira: littafin da ake rubuta saƙonnin rediyo na wata bataliya, jadawalin masu gadi, wasiƙar da wata ƙungiyar agaji ta aika wa kwamanda tana koken cewa ana dukan fursunoni, da takardar biyan albashi da ke nuna cewa wani ɗan kasuwa ne ke biyan wasu mayaƙan sa-kai da ke zaune a sansani ɗaya da sojojin. A gefen wasiƙar akwai hatimin ofishin kwamandan da kwanan watan karɓa, amma babu sa hannunsa, kuma a kan wannan hatimi amsar ta rataya. Kotun ɗaukaka ƙara a Čelebići ta ce ba dole ba ne a nuna shugaba ya karanta rahoto, ya isa a nuna bayanin da zai sa shi ya binciki lamarin yana hannunsa, sai dai kuma ba za a kama shi don kawai bai fita neman bayanin da bai iso gare shi ba. Malamin ya mayar mini da aikina da gyara a layi-layi, har da tambaya a gefen shafi game da ko kwamandan ya taɓa hukunta ɗaya daga cikin mayaƙan sa-kan, tunda wannan ne zai nuna ko suna ƙarƙashinsa da gaske. Irin wannan duba ba kasafai ake samunsa a karatun intanet ba.

Matsala ta fara ne da aka iso Kotun Hukunta Manyan Laifuka ta Duniya da ke Hague. Yarjejeniyar Roma, wadda aka amince da ita a 1998 ta fara aiki a Yulin 2002, ba kwafin dokokin kotunan Yugoslabiya da Ruwanda ba ce, amma laccar ta bi ta kanta kamar bambancin na lafazi ne kawai. Sashe na 28 ya raba shugabanni gida biyu. Kwamandan soja, ko wanda ke aiki a matsayinsa, ana kama shi idan ya sani ko kuma bisa yanayin da ake ciki ya kamata ya sani, wanda ke nufin riƙon sakainar kashi wajen sa ido a kan dakaru zai iya jefa shi cikin laifi. Shugaba farar hula kuwa, kamar minista ko shugaban kamfani, sai an nuna ya sani ko da gangan ya kau da kai daga bayanin da ya nuna laifin a fili, kuma laifin ya shafi ayyukan da ke ƙarƙashin kulawarsa. Sashen ya kuma ƙara cewa laifin ya kasance ya faru ne sakamakon gazawar shugaban wajen riƙe mutanensa yadda ya kamata, sharaɗin da kotun Yugoslabiya ta ce ba a bukatarsa. Duk wannan an cusa shi cikin allo guda mai layuka biyu, kuma gwajin da ya biyo baya, na zaɓi amsa ɗaya cikin huɗu, bai tambayi komai game da wannan sharaɗi na sababi ba.

Shari'ar Bemba ta fi shan wahala. Bemba shi ne jagoran ƙungiyar 'yan tawaye ta MLC a Jamhuriyar Dimokuraɗiyyar Kwango, ya kuma tura mayaƙansa Jamhuriyar Afirka ta Tsakiya tsakanin Oktoban 2002 da Maris 2003 don su taimaki Shugaba Ange-Félix Patassé a kan 'yan tawayen François Bozizé. A ranar 21 ga Maris 2016 kotun ta same shi da alhakin kisa da fyaɗe da wawashe dukiya da mayaƙan suka yi, karo na farko da ta kama wani ta Sashe na 28, aka yanke masa ɗaurin shekara 18. Kwas ɗin ya ba wannan hukunci lacca cikakkiya. Amma a ranar 8 ga Yuni 2018 sashen ɗaukaka ƙara, da rinjayen alƙalai uku a kan biyu, ya wanke shi, kuma wannan juyin, wanda ya girgiza masana da mutane fiye da 5,000 da aka amince su shiga shari'ar a matsayin waɗanda aka zalunta, an ba shi ɗan taƙaitaccen bidiyo ne da ke kama da abin da aka liƙa daga baya. Alhali a nan ne muhawarar take. Masu rinjaye sun ce kotun farko ba ta yi la'akari yadda ya kamata da wahalar da kwamandan da ke nesa, a wata ƙasa dabam, ke fuskanta wajen sa ido da bincike ba, kuma ba a bukatar kwamanda ya ɗauki kowane matakin da za a iya tunaninsa, sai wanda ya dace da halin da yake ciki. Sun kuma ce ko da kare sunan ƙungiyarsa na cikin abin da ya motsa shi ya kafa kwamitin bincike, ya sa aka gurfanar da wasu sojoji a garin Gbadolite da ke Kwango, ya kuma rubuta wa wakilin Majalisar Ɗinkin Duniya wasiƙa, wannan bai isa ya mayar da matakan na banza ba. Alƙali Sanji Monageng da Alƙali Piotr Hofmański sun saɓa, suna ganin kotun farko ta auna shaidu daidai da ta ɗauki matakan a matsayin waɗanda ba su kai girman ɓarnar ba. Ni dai hujjar marasa rinjaye ta fi gamsar da ni, domin idan nisa ya zama uzuri mai nauyi, to kwamandan da ya aika dakaru ƙetare ya zauna a gida ya fi wanda ya bi su fagen daga samun kariya, kuma bincike na jeka-na-yi-ka zai iya zama garkuwa. Wani zai iya ganin akasin haka, ya ce doka ba ta ɗora wa mutum abin da ya fi ƙarfinsa, kuma wannan ma hujja ce mai ƙarfi. Laifin kwas ɗin shi ne bai ajiye hujjojin biyu gaban mai koyo ya bar shi ya auna ba.

Akwai kuma tambayoyi biyu da aka ambata a guje. Ta farko ita ce matsayin sabon kwamanda da ya tarar an riga an aikata laifi kafin ya karɓi ragama ya kuma ƙi hukuntawa, wanda kotun Yugoslabiya ta yanke a shari'ar Hadžihasanović, wani kwamandan sojan Bosniya, a 2003, ita ma da rinjayen uku a kan biyu, cewa ba za a kama shi ba. Ta biyu ta fi zurfi: shin ana hukunta kwamanda ne kan kisan da fyaɗen kansu, ko kuwa kan sakacinsa a matsayin laifi mai zaman kansa? Jamus, a dokarta ta 2002 kan manyan laifuka, ta bambanta shugaban da ya sani ya ƙi hanawa, wanda ake hukuntawa kamar mai aikatawa, da wanda ya yi sakaci wajen sa ido ko ya ƙi kai rahoto, waɗanda laifuka ne masu sauƙin hukunci. Da an ba wannan misali ko da rabin lacca, da mai koyo ya ga cewa akwai hanya fiye da ɗaya ta warware matsalar.

Ga ɗalibin shari'a, ko ɗan jarida mai bin labaran yaƙi, ko hafsan soja da ke son sanin abin da doka ke jira daga gare shi idan rahoton cin zarafi ya iso teburinsa, kwas ɗin ya cancanci lokacin da za a ba shi, musamman saboda babin Čelebići da aikin rubutun. Lauyan da ke shirin tsara ƙara ko kare wanda ake tuhuma ƙarƙashin Yarjejeniyar Roma kuwa ba zai wadatu da shi ba, sai ya haɗa da karanta hukuncin ɗaukaka ƙara na Bemba na 2018 gaba ɗayansa, tare da ra'ayin alƙalai biyun da suka saɓa da kuma ra'ayoyin da masu rinjayen suka rubuta dabam, waɗanda duk kotun ta wallafa a shafinta na intanet.