Sharhi a kan ziyarar ɗakin ƙarƙashin ƙasa na Uxbridge, inda aka sarrafa yaƙin sama na 1940

Wanda ya nufi Uxbridge da niyyar ganin jiragen yaƙi jere a rumfuna zai dawo da guntun ƙorafi, domin abin da gidan tarihin Battle of Britain Bunker yake nuna wa baƙo ɗaki ne guda ɗaya mai tebur da agogo da fitilu da wayoyin tarho. Wurin yana yammacin birnin Landan, a harabar tsohon sansanin sojin sama da aka rufe a 2010, kuma ƙaramar hukumar Hillingdon ce take kula da shi yanzu, bayan ta gina zauren baje koli a samansa ta buɗe shi a 2018. Jiragen ƙasa na layin Metropolitan da na Piccadilly duk suna ƙarewa a tashar Uxbridge, daga nan kuma ɗan tattaki ne ta cikin sababbin gidajen da suka cinye filin sansanin. A ganina, duk mai son fahimtar yadda ake tsara rundunar sojin sama a lokacin yaƙi, da wuya ya sami wurin da zai koya masa darasin cikin sa'a guda kamar wannan.

Ana sauka ɗakin ne rukuni-rukuni tare da mai yi wa baƙi jagora, ta matakala 76 da suka gangara ƙafa 60 cikin ƙasa. An gina shi tsakanin Fabrairu da Agustan 1939, aka fara aiki da shi kwanaki kaɗan kafin ɓarkewar Yaƙin Duniya na Biyu, kuma daga cikinsa ne Shiyya ta 11 ta rundunar jiragen tare abokan gaba ta kare Landan da kudu maso gabashin Ingila daga hare-haren jiragen Jamus. An mayar da komai yadda yake da ƙarfe 11:30 na safiyar 15 ga Satumban 1940. A tsakiya akwai babban tebur mai ɗan karkata wanda aka shimfiɗa wa taswirar kudancin Ingila da gaɓar Faransa, a kansa kuma an jera ƙananan katakai masu lambobi, kowane ɗaya yana wakiltar ayarin jirage, da adadinsu da tsayin da suke tafiya a kai. Matan rundunar taimakon sojin sama, wadda aka kafa a Yunin 1939, su ne mafi yawan masu tsayawa a kewayen teburin da abin sauraro a kunne, suna tura katakan da dogayen sanduna gwargwadon abin da ake faɗa musu ta waya. A sama, bayan gilashi mai lanƙwasa, mai ba da umarni yake zaune yana kallon teburin da kuma bangon da ke fuskantarsa.

Wannan bango shi ne abin da ya fi riƙe ni. An raba shi gida bakwai, da sunayen sansanonin da kowanne yake shugabantar gunduma guda a cikin shiyyar: Tangmere, Kenley, Biggin Hill, Hornchurch, North Weald, Debden da Northolt. A ƙarƙashin kowane suna akwai lambobin ayarorin da ke gundumar, a ƙarƙashin kowace lamba kuma jerin fitilu ne da ke nuna halin da ayarin yake ciki, ko an sallame shi ya huta, ko yana cikin shirin tashi nan da 'yan mintoci, ko yana sama, ko ya hango abokan gaba, ko ya sauka yana shan mai. Da ɗaga kai sau ɗaya mai ba da umarni zai san abin da ya rage masa a hannu, da sunkuyawa kuma zai ga abin da ke tunkaro shi.

Agogon ɗakin ma yana da nasa aikin, kuma bayaninsa na cikin abubuwan da jagoran ya fi ƙwarewa a kai. An zana wa fuskarsa alamomi masu kusurwa uku, ja da rawaya da shuɗi, launin yana canzawa bayan kowane minti biyar. Idan rahoto ya iso, mai aikin tebur za ta duba launin da hannun agogo yake kai, ta ajiye kibiya mai wannan launi a kan taswira. Ta haka wanda ke sama zai gane ko labarin da yake gani sabo ne ko ya kwana biyu a ma'aunin yaƙin sama, inda minti goma ya isa ayari ya yi nisa ƙwarai daga inda aka gan shi. Dabara ce mai arha, fenti ne kawai da ɗabi'ar kiyaye ƙa'ida, amma ta warware matsalar da ta fi kowace haɗari a irin wannan ɗaki, wato yanke shawara a kan labarin da ya riga ya tsufa.

Ɗakin bai tsaya shi kaɗai ba, kuma amfanin ziyarar ya dogara ne da yadda baƙo ya fahimci sarƙar da yake cikinta, wadda ake dangantawa da Hugh Dowding, kwamandan rundunar jiragen tare abokan gaba tun kafuwarta a 1936. Tasoshin rada da aka kafa a gaɓar teku, sakamakon gwajin da Robert Watson-Watt ya yi a Fabrairun 1935, su ne suke fara hango jiragen Jamus tun suna taruwa a sararin Faransa. Rahotanninsu sukan tafi hedikwata a Bentley Priory, inda ake tace su, a haɗa waɗanda suka yi karo da juna, a ware jiragen gida daga na abokan gaba, sannan a aika da sakamakon zuwa shiyyoyi. Da yake na'urorin rada teku suke fuskanta, da zarar jirgi ya tsallaka gaɓa sai aikin ya koma hannun 'yan sa-kai masu lura da sama, waɗanda suke zaune a ɗaruruwan wurare da madubin hangen nesa da wayar tarho. Uxbridge ce take zaɓar ayarin da zai tashi da inda za a tura shi, gunduma kuma ita ce take magana da matuƙa ta rediyo har ta kai su ga abokan gaba. Dalilin duk wannan ɗawainiya lissafi ne mai sauƙi: mashigin tekun da ke tsakanin Dover da Faransa bai wuce kilomita 34 ba, jirgi yakan tsallake shi cikin mintoci kaɗan, alhali ayari yana buƙatar fiye da minti goma kafin ya tashi ya kai tsayin da zai iya faɗa. Da ba a sami gargaɗi da wuri ba, sai dai a riƙa sintiri a sama dare da rana, abin da zai ƙarar da mai da injuna da matuƙa kafin ma a yi arangama.

Zauren da ke sama yana ba da tushen tarihin, kuma ya kamata a karanta shi kafin a sauka. Birtaniya ta riga sauran manyan ƙasashe mayar da sojin sama runduna mai zaman kanta, a ranar 1 ga Afrilun 1918, lokacin da ta haɗe reshen jirage na sojin ƙasa da na sojin ruwa. A 1936 aka raba rundunar bisa nau'in aiki, aka sami sashen tare abokan gaba, da na jefa bama-bamai, da na tsaron gaɓar teku, da na horarwa. Idan aka kwatanta da sauran ƙasashe sai muhimmancin wannan ya fito. Amurka ta yi yaƙin gaba ɗayansa da jiragenta a ƙarƙashin sojin ƙasa da na ruwa, ba ta kafa rundunar sama mai cin gashin kanta ba sai a 1947, Japan kuwa sojin ƙasa da na ruwa kowanne da nasa jiragen, kuma gabar da ke tsakaninsu ta hana su haɗa kai yadda ya kamata. A lokacin bazarar 1940 an raba sararin Birtaniya tsakanin shiyyoyi huɗu, ta 10 a kudu maso yamma, ta 11 a kudu maso gabas, ta 12 a tsakiya, ta 13 a arewa, kuma mafi nauyin kaya ya faɗa ne a kan Keith Park, ɗan New Zealand da ke jagorantar ta 11.

Jamusawa sun tsara tasu rundunar a kan wata manufa dabam. Sun raba ta zuwa manyan rundunoni bisa yanki, kowace tana haɗe da jiragen jefa bama-bamai da masu yi musu rakiya da na leƙen asiri, tsarin da ya dace da tallafa wa sojin ƙasa masu ci gaba da sauri, kamar yadda aka gani a Poland da Faransa. Uku daga cikinsu ne suka fuskanci Birtaniya, ta 2 a ƙarƙashin Albert Kesselring, ta 3 a ƙarƙashin Hugo Sperrle, da ta 5 daga Norway da Denmark. Sun san da tasoshin rada, har sun kai musu hari ranar 12 ga Agusta suka kashe ta Ventnor na wani lokaci, amma ba su gane cewa duk bayanan suna zuba ne a taswira guda ba, don haka Hermann Göring, shugaban rundunar saman Jamus, bai ga amfanin ci gaba da dukansu ba. Wannan ɓangare na labarin ba shi ne abin da gidan ya sa a gaba ba, kuma hakan ba abin mamaki ba ne ga wurin da aka keɓe wa shiyya guda, sai dai baƙon da ya zo da shi a ransa zai fi gane ƙimar abin da yake kallo.

Ranar da aka tsayar da agogo a kanta tana da labarin da kowane jagora yake bayarwa, kuma ya cancanci a ji shi a tsaye a gaban fitilun. Firaminista Winston Churchill ya zo ɗakin a ranar tare da matarsa, ya zauna a bayan gilashi yana kallon fitilu suna gangarowa ɗaya bayan ɗaya har kusan kowane ayari ya shiga faɗa, sai ya tambayi Park abin da ya rage na ajiya, Park ya amsa masa cewa babu. A wancan lokaci an sanar da cewa an kakkaɓo jiragen Jamus 185, amma bayanan da aka samu bayan yaƙi sun nuna cewa adadin bai wuce kimanin 60 ba. Wannan tazara tana da ban sha'awa a wurina, domin tana nuna cewa tsarin da ya iya ƙidaya jirage kafin faɗa da daidaito mai amfani ya kasa ƙidaya su bayan faɗa, tunda a nan ya dogara ne da shaidar matuƙan da sau da yawa biyu ko uku suka harbi jirgi guda. Duk da haka, kwana biyu bayan nan, ranar 17 ga Satumba, Hitler ya ɗage shirin mamaye Birtaniya.

Akwai abin da ya kamata baƙo ya yi hattara da shi, wanda ya samo asali daga kyan ɗakin kansa. Komai a tsaftace yake, kowane katako a mazauninsa, har mutum ya ɗauka cewa haka tsarin ya gudana lami lafiya. Gaskiyar ta fi haka ruɗani. A ƙarshen Agusta da farkon Satumba, lokacin da Jamusawa suka mayar da hankali kan sansanonin gundumomi, an rushe ɗakin umarni na Biggin Hill har sai da aka mayar da aikin wani shago a ƙauyen da ke kusa, kuma ma'aikatan gidan waya sun sha gyaran layukan tarho a tsakiyar ruwan bama-bamai. A tsakanin shugabanni ma ba a kwana lafiya ba. Trafford Leigh-Mallory na Shiyya ta 12, da goyon bayan Douglas Bader, jagoran ɗaya daga cikin ayarorinsa, ya dage cewa a tara ayarori uku zuwa biyar su afka wa abokan gaba gaba ɗaya, Park kuwa ya ce tarawar tana cin lokacin da ba shi da shi, kuma ya yi ƙorafin cewa an bar sansanoninsa ba kariya. Kafin ƙarshen shekarar an sauke Dowding, an ɗauke Park daga Uxbridge, aka ba Leigh-Mallory kujerarsa. Wanda ya tsaya a gaban taswirar ya ga kusancin Calais, da ke gaɓar Faransa, da Biggin Hill, ina jin zai karkata ga Park, kamar yadda na karkata.

Zauren baje kolin bai da girma sosai, amma an yi amfani da filinsa da kyau. Jiragen Spitfire da Hurricane da ake gani a wurin kwaikwayo ne, kuma abin da ya fi su amfani shi ne kayan da ke bayyana mutanen da tsarin ya dogara da su. Matuƙa da ma'aikatan jirgi kusan 3,000 ne suka yi faɗan tsakanin 10 ga Yuli da 31 ga Oktoban 1940, 544 daga cikinsu suka mutu a cikinsa, kuma a cikin waɗanda suka yi faɗan 145 'yan Poland ne, har da na ayari na 303 da ya tashi daga Northolt, wanda bai da nisa da Uxbridge. Ɗakin ya ci gaba da aiki bayan 1940, daga cikinsa aka tafiyar da jiragen da suka rufa wa harin da aka kai Dieppe, a gaɓar Faransa, baya a 1942 da kuma saukar Normandy a Yunin 1944.

Ta fuskar shiri, babu na'urar hawa da sauka zuwa ɗakin ƙasa, don haka mai ciwon gwiwa ko larurar numfashi ya yi lissafin cewa matakalan 76 da ya sauka sai ya hau su, ko da yake zauren sama yana ba wanda ba zai iya sauka ba damar bin labarin. Gara a nemi gurbin rukunin sauka tun kafin a je, domin ɗakin ba ya ɗaukar mutane da yawa a lokaci guda. Bayanin jagora da Turanci ake yin sa, yana kuma cike da sunayen sansanoni da lambobin ayarori, saboda haka wanda ya riƙe sunayen gundumomi bakwai ɗin da bambancin shiyya da gunduma zai bi shi ba tare da wahala ba. Ƙananan yara za su iya gajiya da tsayuwar sauraro, matasa da manya kuwa za su amfana. Mai son jirage na ainihi ya haɗa ziyarar da gidan tarihin sojin sama na Hendon a arewacin Landan ko gidan tarihin yaƙi na Duxford kusa da Cambridge, wanda kuma yake son ganin matakin da ke sama da Uxbridge a cikin sarƙar ya je Bentley Priory a Stanmore, inda ofishin Dowding yake, domin shi ma an mayar da shi gidan tarihi.