GARGAƊI: masu mota a Zariya ku yi hattara da mai tallan taimin bel "orijinal" a Facebook

Assalamu alaikum jama'a. Dan Allah duk mai mota a Zariya da kewaye, musamman masu Peugeot 406 da Honda da tsohuwar Camry da Sienna, ku ɗan tsaya ku karanta wannan, in kun gama ku tura wa direbobin gidanku da 'yan haya na Kwangila. Akwai wani bawan Allah da ke tallan taimin bel a Facebook da guruf-guruf na WhatsApp, wai kit ne cikakke orijinal kai tsaye daga Dubai, bel da tenshona mai danne bel ɗin kar ya saki da wata fam, wato famfon ruwan injin, duk a kwali ɗaya, kuɗin kuma ko rabin na shago bai kai ba. Ba shi da shago. In kace zaka zo ka gani da ido sai yace ai sito ɗinsa a Kano yake, ko kaya na kan hanya, ka tura kuɗi yaro zai kawo maka a kan mashin zuwa PZ ko ƙarƙashin gadar Kwangila ko Samaru. Kuma yaron yana zuwa ɗin, shi yasa mutane suka saki jiki da shi, ba irin wanda zai karɓi kuɗi yayi bulokin ɗinka bane. Kwali mai kyau zai kawo maka. Abin da ke cikin kwalin ne masifar.

Wanda bai san taimin bel ba, ba fanbel bane da kake gani in ka ɗaga bonet. Shi yana ɓoye ne a gefen injin cikin murfin roba, yana da haƙora, aikinsa ya haɗa kurankshaf na ƙasa da kamshaf na sama yadda bawul zai buɗe ya rufe daidai lokacin da fiston ke hawa da sauka. A injina da yawa, irin na 406 da na Honda, wajen da bawul ke leƙowa nan fiston ma ke zuwa, lokaci ne kawai ya raba su. Bel na tsinkewa ko haƙoransa su zube, kamshaf ya tsaya cak, fiston bai san an tsaya ba yazo ya daki bawul ya lanƙwasa su. Cikin ƙiftawar ido ne. Ba wani ɗan ja da zai kama a dashbod yace maka ga shi nan tafe.

To wannan ne mutumin ya gane yake cin kasuwarsa. Abu ne da ba'a gani, an ɗaura an rufe, mota ta tashi lafiya lau kana ta sa masa albarka, sai bayan wata da watanni abin zai fashe, lokacin ka ma manta wa ya sayar maka.

Maƙwabcinmu a Tudun Wada mai jigila da 406 wagon Zariya zuwa Kaduna, haka aka yi masa sakiyar da ba ruwa. Mutum ne mai kula da motarsa wallahi, ba irin direbobin da sai abu ya karye suke zuwa gareji ba, shi da kansa yace lokacin canjin bel yayi bari ya canza kafin damina. Yaron makanike ne ya nuna masa tallan a waya yace Oga ga wani yana kawo masu kyau da sauƙi. Ya saya, aka ɗaura. Bai ci rabin shekara ba, da fasinja cike ya wuce Jaji mota ta ɗauke wuta kamar an kashe makulli. Yace da ya murza kik sai yaji injin na juyawa da gudu fiii ba nauyi ko kaɗan, to duk wanda ya san mota in yaji haka ya san an gama. Janwe ta jawo ta. Da aka sauke top silinda bawul sun lanƙwashe, ga gaskit, ga aikin injiniya, ga kwanakin da mota tayi a ajiye yara na jiran cefane, abin da ya kashe ya isa ya sayi kit na gaskiya har ya ninka. Ya kira mai kayan, da farko ya ɗaga yace ai makanikenka ne bai iya setin taimin ba, daga nan kuma sai kunnen uwar shegu.

Na je garejin ranar da aka buɗe, wani dattijon makanike a Sabon Gari wanda tun zamanin 504 yake taɓa Peugeot. Ya ɗauko bel ɗin ya miƙo min yace Malam riƙe ka gani. Bel ɗin bai ma tsinke ba, haƙoran ne suka share a wuri ɗaya tas, tsawon tafin hannu, suna zube a ƙasan murfi. Ya juya bayansa a rana, bayan yayi sheƙi sumul kamar an goge takalmi, ga ƙananan tsagu a gindin kowane haƙori in ka ɗan lanƙwasa shi. Rubutun kamfanin da ke jiki kuwa fari fat sabo, ya sa farcen babban yatsa ya kankara sai ga fentin yana fita, a ƙarƙashi ana ganin inuwar wani tsohon rubutun daban da ya goge. Yace wannan bel ɗin ya gama aikinsa a wata motar tun a Turai, daga injin Beljiyam aka ciro shi aka wanke aka shafa masa man goge taya aka buga masa sabon suna. Ya ɗauko tenshonan ya kaɗa ta da yatsa, tayi ta juyawa shuuu tana ƙara ba ta tsaya ba. Yace sabuwa ba ta haka, sabuwa giris ya cika ta, in ka kaɗa da ƙyar zata zagaya ta tsaya shiru. Mu da bamu sani ba sai mu ɗauka wadda ke gudu ita ce mai lafiya.

Na tambaye shi to Baba kwalin fa, ai kwalin na gaske ne. Yayi dariya yace kwali ai saye ake. Akwai masu bi gareji-gareji suna sayen kwalayen da aka cire sabon kaya a hannun yara, shi yasa shi in ya ɗaura wa mutum kit a gabansa yake yaga kwalin. Wasu kuma bel ɗin sabo ne amma jabu, an buga masa sunan Gates ko Dayco ko Mitsuboshi alhali kamfanin bai san da zamansa ba, robar banza ce zafin injin na dukanta take sakin haƙora. Duka biyun mutumin nan yana sayarwa, wanda ka samu rabonka ne.

Abin da yafi ƙona min rai shi ne ba shi kaɗai bane, yana ba wasu yaran gareji kamasho a kan kowane kit da suka sa aka saya. Ba ina cewa makanikan Zariya ɓarayi bane, a'a, mafi yawansu mutanen kirki ne masu neman halal kuma su ma abin yana ɓata musu suna, amma akwai ɓata-gari ƙalilan da suka shiga harkar har suka ƙara nasu salon. Yayata da ke koyarwa a Kongo tana da Corolla 2006, ta kai sabis aka ce mata Hajiya taimin bel ɗinki ya kusa tsinkewa, in ya tsinke injin ya tafi, amma akwai wani mai kawo orijinal bari a kira shi. Hankalinta ya tashi ta kira ni tace zata tura kuɗi. Nace Yaya dan Allah kar ki tura ko sisi, motarki ba ta da taimin bel kwata-kwata, sarƙa gare ta. Da ta biya, fanbel zasu canza mata su nuna mata tsohon suce gashi, ita ina zata bambance.

Don haka kowa ya san motarsa tukuna. Corolla daga 2003 zuwa sama da Pontiac Vibe da Matrix sarƙa ne. Camry Big Daddy ta 2002 zuwa 2006 mai silinda huɗu sarƙa ce, mai V6 bel ne. Camry 1997 zuwa 2001 mai ƙaramar fitila bel ne, sai dai ita mai injin 2.2 ɗin Allah ya taimake ta, in ya tsinke mota ce kawai zata mutu bawul ba ya daki fiston. Honda Accord da ake kira EOD mai silinda huɗu sarƙa, mai V6 bel. Accord 1998 zuwa 2002 bel ne, mai silinda huɗun har ƙaramin bel na biyu gare ta na balansa. Civic 2001 zuwa 2005 bel, daga 2006 ta koma sarƙa. Sienna kafin 2007 bel, daga 2007 sarƙa. 406 bel ne. In taka ba ta cikin waɗannan duba gefen injin da kanka, mai bel murfinsa yawanci roba ne baƙi a bushe da ƙananan notuna, mai sarƙa murfin ƙarfe ne an manne shi da gam saboda sarƙa cikin baƙin mai take wanka.

Ita sarƙa ba'a canza ta da lissafin kilomita. Abin da ke kashe ta baƙin mai na jabu ne da daɗewa ba'a juye ba, ko barin mai ya sauka ƙasa. In ta fara miƙewa zaka ji ƙara kacau-kacau da safe in ka tayar, wani lokacin cek injin ya kama. To ko nan ma kar a ce maka sarƙa ce daga jin kunne kawai, a sa kwamfuta a duba tukuna, domin akwai Honda masu wannan ƙarar ta safe alhali ba sarƙar bace, giyar kan kamshaf ce.

Bel kuwa lissafi ne. Honda sun rubuta mil 105,000 ko shekara 7 ga waɗancan Accord masu bel, amma sun ce in ana yawan tuƙi a zafin da ya haura digiri 43 a canza a mil 60,000, wato wajen kilomita 100,000. Toyota V6 mil 90,000. Mu da muke da zafin Maris da Afrilu ga ƙurar hunturu ga go-sulo, ni a ganina gara mutum ya bi ƙaramin lissafin. Kuma ku tuna motar Amurka da mil take ƙirga ba kilomita ba, sannan mitar tokumbo kowa ya san ana mayar da ita baya, kar ka dogara da ita, in ka sayi mota mai bel baka san tarihinta ba kawai ka canza hankalinka ya kwanta. Ko mota ba ta fita roba na tsufa a zaune, masu motar zuwa masallacin Juma'a kaɗai har da ku.

In za'a canza, ga yadda ni zan ba ɗan uwana shawara. Ka je shago mai ƙofa wanda gobe zaka dawo ka same shi, nan Sabon Gari ko Ƙofar Ruwa a Kano ko Kaduna, ka karɓi rasit a rubuta sunan kamfanin da lambar bel ɗin a jiki. Ka buɗe kwali a gabansa, bayan sabon bel ba ya sheƙi, haƙoransa da kaifi kuma da yadi a lulluɓe, in kaji ƙamshin man goge taya ko hannunka yayi maiƙo ajiye masa kayansa. Amma kar ka ninke sabon bel da ƙarfi wai kana gwadawa, zaren ciki zaka karya. A jera shi da tsohon a ƙirga haƙora su zo daidai, faɗi ma ɗaya. Taimin bel na Beljiyam kuwa ko kyauta aka baka kar ka karɓa, injin Beljiyam eh, giyabos eh, bel a'a, hasali ma in ka sayi injin Beljiyam sabon bel ake sa masa tun yana ƙasa kafin a ɗora. Ranar aikin ka zauna a garejin ko ka bar wanda ka yarda da shi, ka ga an cire ka ga an ɗaura, a baka tsohon bel da tenshona da wata fam ka sa a but. Kar ka yarda a canza bel a bar tsohuwar tenshona, in ta cije sabon bel ɗin ma tafiya zai yi, haka wata fam a motocin da bel ɗin ne ke juya ta, tunda an riga an buɗe kuɗin aiki ɗaya ne. In oyil sil na tsiyaya a wajen a canza shi, baƙin mai cinye roba yake. A ƙarshe a rubuta kwanan wata da mita a manna jikin murfi. In kuma Allah ya kawo tsautsayi mota ta mutu a tafe kik yana juyawa ba nauyi, cire hannunka daga makulli, kar a tura wai a ja ta tashi, ƙara ɓarna ne.

Ban sa sunansa ko lambarsa ba saboda shafin canza suna yake, asusun da ake tura kuɗin ma ba ɗaya bane, in na sa na yau gobe wani ne, kuma bana so a je a kama wanda bai ji ba bai gani ba. Ku dai riƙe alamomin, ba shago, kuɗi kafin kaya, araha ta fitar hankali, yaro a mashin, da kalmar nan tasa ta "saura kit biyu Alhaji". Maƙwabcin namu ya ajiye bel ɗin da kwalin da hoton hirarsu da shaidar turin kuɗi, yana neman sauran waɗanda abin ya shafa su haɗu a kai wa 'yan sanda da shugabannin ƙungiyar makanikai da hukumar SON mai kula da ingancin kaya, duk wanda aka yi wa ya ajiye nasa kar ya yar, ya min magana ta inbos in haɗa su.

Wanda kuma ya riga ya saya aka ɗaura masa mota na tafiya lafiya yanzu, dan girman Allah kar yace ai tawa ƙalau take. Murfin sama notuna kaɗan ne, ba aikin awa guda bane, ka kai wa wani makaniken daban ba wanda ya ɗaura ba ya buɗe ku duba tare, kuma kafin nan kar ka hau titin Kaduna ko Kano ko Funtuwa da iyali a ciki.