KMSPico: rubutun kusurwa ya ɓace, amma me ya shigo?

KMSPico manhaja ce da ake amfani da ita don kunna Windows da Office, wato a sa su amince akwai lasisi, ba tare da an saya ba. A gaskiya manhajar tana aiki. Kafin ka ce kwabo rubutun nan na kusurwar allo mai cewa a kunna Windows ya ɓace, Office ma ya daina neman lasisi. Farin jininta ke nan. Inda gizo ke saƙar shi ne abin da take nema kafin ta yi aikin.

Microsoft ya tsara KMS, wato tsarinsa na kunna lasisin kwamfutoci da yawa a tare, ne domin ma'aikatu masu sayen lasisi da yawa. Sabar guda ce ke ba kwamfutocin wurin izini, izinin na kwana 180 ne, ana sabunta shi duk kwana 7. KMSPico sabar bogi take kafawa a cikin kwamfutar, Windows ya ɗauka yana cikin wata ma'aikata. Shi ya sa ba ta gamawa ta tafi. Tana barin aiki a Task Scheduler, sashen Windows mai tsara ayyuka bisa lokaci, aikin da ke tashi da kansa da cikakken ikon mai kwamfuta.

Dubi yadda ake raba ta. Fayil ɗin yakan zo a zip mai kalmar sirri, don kada manhajar tsaro ta leƙa ciki, sannan umarnin farko shi ne a kashe Defender, manhajar tsaron da ke zuwa da Windows. Masu raba ta za su ce ƙararrawar ƙarya ce. Eh, HackTool:Win32/AutoKMS suna ne da Defender ke ba irin wannan manhaja ko da ba a cusa mata komai ba. Amma da ka kashe shi, ba ka da hanyar bambance wadda aka cusa wa ɓarawo da wadda ba a cusa wa ba, ga shi shafuka barkatai kowanne na ikirarin shi ne na asali. A Disambar 2021 kamfanin tsaro Red Canary ya bayyana yadda ake haɗa ta da CryptBot, manhajar sata mai kwashe kalmomin sirrin burauza da kukis (ƙananan fayilolin da ke riƙe shigarka shafuka) da asusun kuɗin kirifto. Windows zai kunnu lafiya lau, shi ya sa mutum ba ya zargin komai.

Ta fuskar doka, wannan karya yarjejeniyar lasisi ne, kuma a Amurka dokar DMCA ta 1998 ta haramta ƙetare irin wannan kariya. Kamfanoni sun fi shiga haɗari, domin binciken lasisi na tona asiri nan take: umarnin slmgr /dlv zai nuna VOLUME_KMSCLIENT, alamar lasisin ma'aikata, a kwamfutar da ba ta da wata yarjejeniya.

Ba mu ba da shawarar amfani da ita. Windows da ba a kunna ba yana aiki yana kuma karɓar sabuntawa, sauya hoton allo da launuka kawai ake hana ka. Yawancin kwamfutocin da suka zo da Windows 8 zuwa sama lasisinsu na cikin BIOS tun daga masana'anta. LibreOffice, mai maye gurbin Office, kyauta ce.

Wanda ya riga ya saka kuwa, goge ta kawai bai isa ba. A kwashe takardu, a sake loda Windows daga shafin Microsoft, a canza kalmomin sirri daga wata na'urar daban, a kuma fita daga duk asusu a ko'ina, domin kukis da aka sace na iya buɗe imel ba tare da an nemi lambar tantancewa ba.